An maka ni a kotu kan cekin da banki ya dawo da shi, alhali na biya fiye da rabin kuɗin

Mai Shagon Kwana: Assalamu alaikum jama'ar wannan zaure. Ina neman shawarar waɗanda suka san kan shari'a. Ina sarin kayan masarufi a hannun wani dila a nan Kano, taliya da sukari da man girki, kuma mun daɗe muna hulɗa lafiya. Bara gab da azumi na ɗauki kayan naira miliyan 6.4 bashi. Ya ce tunda kuɗin sun yi nauyi in ajiye masa cek a matsayin jingina. Na rubuta adadin, na sa hannu, amma ban sa kwanan wata ba, bisa alƙawarin idan na gama biya zai mayar mini da takardata.

Ga abin da na biya. Miliyan 2.5 ta taransifa zuwa asusunsa. Dubu 900 zuwa asusun yaron shagonsa, shi ya ce in tura can. Dubu 500 tsaba hannu da hannu a ofishinsa. Sannan na mayar masa da taliyar dubu 600 da ta jiƙe tun daga sito. A lissafina saura miliyan 1.9. Kasuwa ta tsaya, muka ɗan yi cacar baki, sai kawai ya cike kwanan wata ya kai cekin banki, aka dawo da shi. Shekaranjiya masinjan kotu ya kawo mini takardu daga Babbar Kotu. Yana neman miliyan 6.4 cif, da kuɗin ruwa kashi 21 cikin ɗari a shekara. Ban musa yana bi na ba, amma ba wannan adadin ba. Yaya zan yi?

Ɗan Gwagwarmaya: Kar ka je ko'ina. Barazana ce kawai. Maganar bashi ba a ɗaure mutum a kanta. Ka samu dattawan kasuwa su kira shi, in ya ga ba ka razana ba da kansa zai sauko.

Lauyan Zaure: Wa alaikumus salam. Ɗan Gwagwarmaya, don Allah wannan shawarar ka janye ta, ita ce ke sa a wayi gari an rufe wa mutum asusu. Alhaji mai tambaya, kafin komai ka duba mini abu biyu. Wace rana aka sa za a zauna? Sannan a cikin takardun akwai takardar rantsuwa da dilan ya yi, inda ya ce a iya saninsa ba ka da wata kariya?

Mai Shagon Kwana: Akwai, Barista. An maƙala hoton cekin a bayanta, gaba da baya. Zaman kuma ranar Litinin ta sama ne, ba wannan mai zuwa ba.

Lauyan Zaure: To lokacinka ya fi yadda kake zato ƙuracewa. Gajeriyar hanya ya biyo, wadda dokokin kotu suka tanadar wa bashin da adadinsa yake a fili. A wannan hanya ba a kiran shaidu, ba a yi wa kowa tambayoyi. Mai shari'a zai duba takardun mai ƙara, ya duba ko ka shigar da wani abu. Idan ba ka shigar ba, a ranar farko zai iya yanke hukunci, ko da kana zaune a cikin kotun kana ɗaga hannu. Abin da ake so daga gare ka shi ne sanarwar cewa za ka kare kanka, tare da taka takardar rantsuwar da ke bayyana kariyar dalla-dalla. A dokokin kotuna da yawa ana so ta shiga kwana 5 kafin ranar zama. Kowace jiha da nata tsarin, shi ya sa gobe da safe ya kamata takardun nan su isa teburin lauya.

Kuma ka sani, hukuncin da aka yanke ta wannan hanya ana ɗaukarsa hukunci ne cikakke. Ba ka komawa wurin mai shari'ar ka ce a yi haƙuri ban shirya ba. Sai dai ka nuna ba a kai maka sammaci ba, ko kotun ba ta da hurumi, ko an yi ha'inci. In ba haka ba sai ɗaukaka ƙara, wadda kuɗinta kaɗai zai iya lashe rabin abin da kuke jayayya a kai.

Ɗan Gwagwarmaya: Ni dai abin da na sani sulhu ya fi.

Lauyan Zaure: Sulhu ya fi, ban musa ba. A yi sulhun, amma a shigar da takarda tukuna. Zaman dattawa ba ya tsayar da kalandar kotu.

Hajiya Mai Atamfa: Ni fa bari in faɗi wadda ba za ta yi daɗi ba. Duk zauren nan an taru ana tausaya wa wanda ya ci bashi, ba wanda ya tambayi halin da mai kaya yake ciki. Shi ma dilan wani yake bin sa. Mu da muke ba da kaya mun san yadda abin yake: ranar ɗauka mutum har durƙusawa yake yi, ranar biya wayarsa a kashe. Alhaji, tsakaninka da Allah, daga biyanka na ƙarshe zuwa ranar da ya kai cekin banki wata nawa ne?

Mai Shagon Kwana: Ya kai wata biyar, Hajiya. Amma ban kashe waya ba.

Hajiya Mai Atamfa: Wata biyar kuɗin mutum na kwance a hannunka, farashin sukari bai tsaya jiranka ba. Ban ce ya kyauta da ya nemi abin da aka riga aka biya shi ba. Amma kai ka ba shi sandar da ya doke ka da ita.

Tsohon Ma'aikacin Banki: Alhaji, me aka rubuta a jikin cekin da aka dawo da shi? Wannan yana da muhimmanci, domin dalilan dawo da cek suna da yawa. Akwai sa hannun da bai dace da na katin banki ba, akwai saɓani tsakanin adadin da aka rubuta da lamba da wanda aka rubuta da kalmomi, akwai cekin da ya haura wata 6 ya tsufa, akwai wanda mai asusu ya ba da umarnin a dakatar. Sannan akwai rashin isassun kuɗi, wanda shi ne mai jawo fitina.

Mai Shagon Kwana: Haruffa uku ne da jan biro, DAR. Kuma gaskiya a ranar abin da ke asusun bai kai dubu 300 ba.

Tsohon Ma'aikacin Banki: Wato a nemi mai cek ya zo ya yi bayani. Lafazi ne na sakaya zance da muka saba amfani da shi, amma idan kotu ta buƙaci bayanan asusunka na wannan rana, komai zai fito. Ka duba kuma za ka ga an cire maka tara, kashi 1 cikin ɗari na adadin cekin ko naira 5,000, duk wanda ya fi yawa. A naka kusan dubu 64 ke nan. Abin da zan ja kunnenka a kai shi ne, idan akwai wasu cekunan naka a hannun wasu diloli, ka bi su ka karɓo ko ka tabbatar akwai kuɗinsu. Tun 2015 Babban Bankin Najeriya ya umarci bankuna cewa wanda aka samu da cek marar kuɗi har sau uku a karɓe sauran takardun cekinsa, a hana shi rance a kowane banki tsawon shekara 5, a kuma kai sunansa wurin kamfanonin da ke ajiye tarihin masu cin bashi. Ɗan kasuwa ya shiga wannan jerin, ya daɗe bai farfaɗo ba.

Auta: Amma ai tunda jingina ce ba biya ba, shi ke nan ya ci shari'a ko? Dilan ne ya saɓa alƙawari. Kuma shi ya rubuta kwanan wata da hannunsa, wannan ai jabu ne.

Barista Uwargida: Auta, a hankali. Ba jabu ba ne. Dokar da ke kula da cek da makamantansa, wadda muka gada tun 1917, ta ce idan ka sa hannu a takarda ka miƙa ta da wani gurbi a buɗe, ana ɗauka ka ba wanda ya karɓa izinin cikewa. Sharaɗin shi ne ya cike cikin lokacin da ya dace, kuma daidai da iznin da ka ba shi. To a nan gardamar take: wane izni aka ba shi? Alhaji zai ce an yi da shi ba za a kai banki ba. Dila zai ce an yi da shi idan aka kasa biya ya kai. Kuma maganar gaskiya, ta dilan ta fi kama hankali, don jinginar da ba za a taɓa iya amfani da ita ba mene ne amfaninta? Mai shari'a zai yi wa kansa wannan tambayar.

Wata matsalar kuma, dokar tana ɗauka duk wanda sa hannunsa ke jikin cek ya karɓi wani abu a madadinsa. Saboda haka mai ƙara ba sai ya wahala ba, ya ajiye cek a gaban kotu ya koma ya zauna. Nauyin warware zance ya dawo wuyan wanda ya sa hannu.

Lauyan Zaure: Na yarda da rabin maganarki, Barista. Amma ban yarda a yar da batun jinginar ba. Dokar nan dai ita ta yarda cewa tsakanin mutum biyun da suka yi hulɗa kai tsaye, ana iya nuna cewa an miƙa takardar ne bisa sharaɗi ko don wata manufa ta musamman. Cekin nan bai bar hannun dilan ya tafi hannun wani baƙo ba. Kuma rashin kwanan wata da kansa alama ce. Wanda zai biya ka yau ba ya barin gurbin rana a buɗe.

Barista Uwargida: Ban ce a yar ba, na ce kar a gina gida a kanta. Ka sa ta a takardar rantsuwa, amma ƙashin bayan kariyar shi ne biya. Ko da kotu ta yarda jingina ce, jinginar me? Ta bashin da ya rage. Cekin miliyan 6.4 ba zai haifar da haƙƙin miliyan 6.4 ba bayan an karɓi miliyan 4.5 a kai. Wannan mai shari'a zai gane shi cikin minti biyu idan ya ga takardu. Maganar wa ya ce me a ofis kuwa, sai an yi shekara ana ja.

Lauyan Zaure: A nan mun haɗu.

Mai Shagon Kwana: To Barista, me zan kai wa lauyan? Rasit dai ba mu saba yi ba, amana ce.

Barista Uwargida: Mu bi su ɗaya bayan ɗaya, don ƙarfinsu ba ɗaya ba ne.

Miliyan 2.5 ba ta da matsala. Ka je bankinka ka nemi bayanan asusu masu hatimi daga ranar da ka ɗauki kaya zuwa yau. Kar ka dogara da hoton alat a waya. Abu ɗaya zan tambaye ka: a wannan tsakanin ka sake ɗaukar wasu kayan a wurinsa? Idan ka ɗauka, zai ce kuɗin na sabon kaya ne, sai ka shirya nuna wanne ne na wanne.

Dubu 900 da ka tura wa yaro ita ce za a yi kokawa a kanta. Ranar shari'a za ka ji an ce ba a san da zancen ba, wataƙila hulɗarku ce daban da yaron. Da me ya umarce ka, da baki ko a waya?

Mai Shagon Kwana: Saƙon murya ya turo ta WhatsApp. Ya ce asusunsa yana da matsala, in tura wa yaron, ya kuma turo lambar asusun a rubuce. Da na tura na aika masa hoton, ya amsa da "na gani". Kuma ban sake ɗaukar kaya ba tun daga nan.

Barista Uwargida: Alhamdu lillahi. Wannan "na gani" ta fi shaidu uku. Kar ka goge komai, kar ka sayar da wayar, kar ka ba yara su yi wasa da ita. Ka adana hirar gaba ɗaya, ba yanki ba, yadda lambarsa da rana da lokaci za su fito. Dokar shaida ta 2011, sashe na 84, tana so duk abin da aka ciro daga waya ko kwamfuta a haɗa shi da takardar shaidar yadda aka ciro shi da kuma cewa na'urar tana aiki daidai. Lauyanka ya san wannan, amma ka tuna masa, an sha watsar da hujja mai kyau saboda rashin wannan 'yar takarda. Tunda da Hausa ya yi maganar, za a buƙaci a rubuta ta a kuma fassara.

Taliyar da ka mayar, ka nemo wanda ya ɗauka. Mai mota ne ko mai kura, da ɗan dakon da ya sauke, da mai kula da sito da ya karɓa. Idan akwai webil, wato takardar rakiyar kaya, ko ɗan guntun takardar da aka sa wa hannu, ko hoton katan-katan ɗin da suka jiƙe, duk ka tattaro.

Dubu 500 ta hannu ita ce mai rauni. Wa ke wurin?

Mai Shagon Kwana: Daga ni sai shi sai akawunsa. Na ga lokacin da akawun ya buɗe wani dogon littafi mai baƙin bango ya rubuta, har ya ja layi a ƙarƙashin sunana.

Lauyan Zaure: Ka bayyana littafin a rantsuwarka kamar yadda ka bayyana mana shi yanzu, da ranar, da inda kowa ya zauna. Idan shari'ar ta koma ta sauraron shaidu, lauyanka zai nemi su kawo littafin. In suka ƙi kawowa, doka ta ba kotu damar ɗauka cewa abin da ke ciki ba zai yi musu daɗi ba. Idan kuma daga banki ko wurin mai POS ka ciro kuɗin a ranar, wannan ma ya shiga.

Wani abu da mutane ba sa ganewa: a wannan matakin ba a ce sai ka tabbatar da gaskiyarka ba. Ana so ne ka nuna akwai abin jayayya na gaske da ya cancanci a saurara. Amma "ba ya bi na" kawai, ko "jingina ce" kawai, ba ya wadatarwa. Rana, adadi, asusu, takarda. Idan mai shari'a ya gamsu, sai ya mayar da ƙarar layin shari'u na yau da kullum, kowa ya kawo shaidunsa.

Ɗan Gwagwarmaya: To tunda haka ne ya musa duka mana. Ya ce sa hannun ma ba nasa ba ne, a yi ta ja har dilan ya gaji.

Lauyan Zaure: Takardar rantsuwa ce fa. Ƙarya a cikinta laifi ne mai zaman kansa. Kuma banki na da samfurin sa hannunsa, ga taransifar da ya yi ta biya tana nuna akwai ciniki. Daga ranar da aka kama shi da ƙarya ɗaya, dubu 500 ɗin nan da ba ta da shaida sai kalmarsa ta tafi. Ni shawarata ya amsa miliyan 1.9 a fili. Ya sani dai kotu za ta iya yanke hukunci nan take a kan abin da ya amsa, ta tura sauran gaba. Saboda haka ya fara haɗa kuɗin, kuma lauyansa ya shirya roƙon a ba shi damar biya kashi-kashi. Kotu na da ikon yin haka idan ta ga gaskiyar hali.

Malam Na Bakin Kasuwa: Allah ya saka wa lauyoyinmu da alheri. Ina so in ƙara abin da ya shafi addini, don dukansu biyu Musulmi ne. Aya mafi tsawo a Alƙur'ani, ta 282 a Baƙara, a kan rubuta bashi ta sauka, da kafa shaidu. Mun bar ta muna cewa amana, sai rigima ta tashi mu kama rantse-rantse. Shi dila, aya ta 280 ta ce idan wanda ake bi yana cikin ƙunci a saurara masa har ya samu sauƙi. Shi kuma Alhaji, hadisi ya inganta cewa jinkirin mai hali zalunci ne. Kowa ya auna kansa. Amma kashi 21 ɗin nan da aka ɗora, ba ni da wani suna da zan kira shi sai riba. Ban san yadda ɗan kasuwa Musulmi zai sa hannu a nemo masa ita ba.

Hajiya Mai Atamfa: Allah gafarta Malam, sau da yawa mai kaya bai ma san an sa ba. Lauyoyi ne ke ɗorawa.

Lauyan Zaure: Hajiya ta fasa mana ƙwai. Gaskiya ne, kusan al'ada ce a rubuta. Amma rubutawa daban, samu daban. Ruwan da ake nema na kafin hukunci sai an nuna tushensa, ko yarjejeniya, ko al'adar wannan sana'a, ko wata doka, kuma adadin kashin abin jayayya ne. Alhaji ya faɗa a rantsuwarsa cewa ba su taɓa yin maganar ruwa ba. Wanda kotu ta fi bayarwa shi ne na bayan hukunci, galibi kashi 10 a shekara har a gama biya.

Auta: Malam, da a kotun Musulunci aka kai fa?

Malam Na Bakin Kasuwa: Da maganar ruwa ba ta taso ba. Amma kar ka zaci zai fi samun sauƙi a kan sauran. Ƙa'ida ita ce hujja tana kan mai da'awa, rantsuwa tana kan wanda ya musa. Tunda ya amsa ya ɗauki kaya, da ya ce na biya, shi ya zama mai da'awar biya. Shi zai kawo shaidu. In ya rasa, a ba dila rantsuwa. Ka ga inda Barista ta kai mu, nan ma can aka nufa.

Mai Shagon Kwana: Akwai abin da ban faɗa ba. Jiya da daddare wani ya kira ni ya ce idan ban kawo kuɗin duka ba cikin mako guda za su kai maganar wurin 'yan sanda ko EFCC.

Ɗan Gwagwarmaya: Wannan kam ƙarya suke. 'Yan sanda ba 'yan karɓar bashi ba ne, kotu ta sha faɗa.

Barista Uwargida: Wannan karon ka kusa, amma ba ka kai ba. Gaskiya ne dokar 'yan sanda ta 2020 ta hana kama mutum saboda saɓa yarjejeniya kawai, kuma Kotun Ƙoli ta sha tsawatarwa kan mayar da jami'an tsaro masu karɓo bashi. Amma cek marar kuɗi yana da dokarsa daban tun 1977. Idan ka samu kaya ko bashi ta hanyar cek, aka kai shi banki cikin wata 3 daga ranar da ke jikinsa, aka dawo da shi saboda babu kuɗi ko ba su isa ba, laifi ne. Hukuncin mutum ɗaurin shekara 2 ne, babu zaɓin tara. Kamfani kuma tarar da ba ta gaza naira 5,000 ba, wadda a 1977 kuɗi ce ta gaske. A 2007 Kotun Ƙoli ta tabbatar da irin wannan ɗaurin a wata shari'a da aka sani da sunan Abeke, a kan cekin 'yan dubban naira.

Auta: Na taɓa jin cewa idan tsohon bashi aka biya da cekin dokar ba ta hau ba.

Barista Uwargida: Ta hau. Dokar ta toshe wannan ƙofar da kanta, ta ce cekin da aka bayar don sauke nauyin wata yarjejeniya ana ɗaukarsa kamar an ci bashi da shi ne. Kariyar da ta bari ita ce mutum ya gamsar da kotu cewa lokacin da ya ba da cekin yana da dalili mai ƙarfi na yarda za a biya, kuma ya yarda ɗin da gaske. A batun Alhaji akwai abin faɗa sosai: ba shi ya zaɓi ranar ba, ba a sanar da shi za a kai ba, kuma an kai cekin adadin da an riga an biya mafi yawansa. Amma magana ce ta gaban Babbar Kotu, ba ta kan teburin ɗan sanda ba. Idan aka gayyace ka, ka je da lauya da kwafin takardun ƙarar. Kuma ko me za a yi, kar ka rubuta takardar alƙawarin biyan miliyan 6.4 don a sake ka ka kwana a gida. Gobe ita za a maƙala a gaban mai shari'a a ce ga shi ya amsa da hannunsa. Kar kuma ka ba da sabon cek.

Baba Mai Hatsi: Bashi hanji ne, yana cikin kowa. Ni tambayata ta ɗaya ɓangaren ce. Ina da cekin wani tun 2016, na dubu 750, kuɗin masara. Banki ya dawo da shi, na jefa a durowa saboda surukin ƙanena ne. Yanzu ya yi gini ya sayi mota. Zan iya kai shi?

Lauyan Zaure: Baba, a kotunan da ke bin dokar ƙayyade lokaci, bashi irin wannan yana da wa'adi, shekara 6 a wasu jihohi, 5 a wasu. In ya wuce, lauyan wancan zai tashi da wannan kafin a taɓa gundarin magana. Sai dai idan a tsakani ya biya wani abu, ko ya amsa bashin a rubuce, lissafi yana sabuntawa daga ranar. Ka duba ko akwai. Ka kuma tambayi masana kotun Musulunci, ma'auninsu a kan daɗewar haƙƙi daban ne.

Baba Mai Hatsi: Shekara uku da suka wuce ya turo dubu 50 da sallah. Ban sani ba ko biya ne ko barka da sallah.

Hajiya Mai Atamfa: Baba, biya ne. Ka rubuta shi a biya.

Lauyan Zaure: Hajiya, ba a nan ake yanke wannan ba. Baba, ka duba abin da ya rubuta a bayanin taransifar.

Auta: Wai me ya sa dilan bai je kotun ƙananan basussuka ba? Na ji an ce can ba a daɗewa.

Barista Uwargida: An buɗe ta a Kano a 2019 da iyakar naira miliyan 5, kuma an tsara a gama shari'a cikin kwana 60, mutum ma zai iya tsayawa da kansa ba lauya. Da abin da ya rage na gaskiya ya nema, can ne wurinsa, da wataƙila yanzu ya karɓi kuɗinsa. Masu karɓar sammaci daga can su ma su kula, kwanakin mayar da amsa ba su wuce mako guda ba.

Mai Shagon Kwana: Na gode ƙwarai jama'a. Yau na je banki na cike takardar neman bayanan asusu, sun ce gobe. Na samu mai motar da ya mayar da taliyar, ya tuna, har ya ce mai sito ya ba shi wata 'yar takarda amma sai ya duba cikin mota. Lauya ya karɓi takardun. Shugaban layinmu kuma ya ce zai kira dilan ranar Asabar.

Lauyan Zaure: Madalla. In Asabar ɗin ta yi kyau, kar a tashi da "Allah ya kiyaye gaba" kawai. A rubuta adadin da aka tsaya a kai, da ranakun biya, kowa ya sa hannu, lauyoyi su kai kotu a mayar da shi hukuncin da aka yi bisa yarda. A sa a ciki cewa zai dawo maka da ainihin cekin, ba hotonsa ba, kuma ya janye duk wani ƙorafi da ya kai wani wuri. Kuma kar ka sa ranar biyan da ka san ba za ka iya cikawa ba, don da wannan takardar zai iya neman kotu ta riƙe kuɗin da ke asusunka ko a kwashe kayan shago.

Hajiya Mai Atamfa: Kuma ka je da wani abu a hannu ranar Asabar. Ko dubu 500 ce. Mai kaya in ya ga kuɗi a kan tebur, muryarsa tana sauka.

Barista Uwargida: Ta taransifa, Hajiya. Zuwa asusunsa shi kansa, a rubuta a bayanin cewa biyan wani ɓangare ne na ragowar miliyan 1.9. Alhaji, cekin da sunanka yake ko da sunan shago? In na shago ne, rajistar sunan kasuwanci ka yi ko kamfani mai iyakantaccen alhaki? Ka duba wa aka rubuta a matsayin wanda ake ƙara ka faɗa wa lauyanka kafin ya buga rantsuwar.

Mai Shagon Kwana: Da sunan shago ne. Bari in nemo satifiket ɗin in duba.